Makamin da ke Lashe Suna

Ku matso kusa, ku ajiye surutu, ga ta nan ta iso gare ku. Amma ku sani, wannan kaina a sunkuye nake ba da ita.

Muna yara a ƙauyenmu can gefen Zango, idan an gama girbi, kakarmu Iya takan sa a tara karan gero a hura wuta a tsakar gida. Mu ci tuwo mu kewaye ta, ni da Delu 'yar ƙanen babana da sauran jikoki. Tatsuniyoyinta da yawa sun zube mini a hanya. Ɗaya ce ta ƙi barina.

Iya ta ce a wani zamani, ita ma ba ta san ko ya wuce ko yana tafe ba, mutanen wani birni da ke can sama, bayan farin wata, suka ƙera makami. Ba kibiya, ba harsashi. Ƙarfe ne kamar turmi, da ido ɗaya na gilashi, yana yawo a sama ba fukafuki. In ya tsaya a kan gari sai ya saki wani kuka siriri, wanda ba a kunne ake jin sa ba, a haƙori ake ji.

"Ba ya zubar da jini," in ji Iya. "Cikin kai yake shiga. Duk sunan da harshenka bai taɓa faɗa ba sai ya lashe shi, da sunan da mai sunan, ka ga mutum kamar yau ka fara ganin sa."

To kun san yadda muke. Mace ba ta faɗin sunan mijinta, uwa ba ta faɗin sunan ɗanta na fari. Da makamin ya tsaya a kan wani gari ranar kasuwa, mata suka koma gida suna ce wa mazajensu, "Malam, wa kake nema?" Uwaye suka riƙa korar 'ya'yan fari daga bakin tukunya. Mace ɗaya ce, mai sayar da daddawa, da ta ji haƙoranta sun fara tsami, ta miƙe a tsakiyar kasuwa, gaban surukanta, ta ƙwala wa ɗanta kira da sunansa na yanka.

Muka rufe fuska muna dariya. Na ce, "Iya, ta yi daidai?"

"Ta yi rashin kunya," in ji ta. "Har ta mutu ana nuna ta da baki. Amma ita kaɗai ta koma gida da ɗa."

Delu ba ta da tsoro. Ta ce, "To ke Iya, in ya zo garin nan, za ki iya kiran Baffa?" Babana take nufi, shi ne ɗan farin Iya.

Iya ta zari kara ta kai mata duka. "Ja'ira mai kai kamar ludayi, tashi ki ba ni wuri!"

Na girma, na haifi nawa ɗan farin. Yana ƙarami ina ce masa Yaro, da ya kama sana'ar hatsi na koma ce masa Mai Hatsi. A shekarun da aka fara shari'ar Musulunci, yana dawowa daga kasuwar Mai'adua, mashin ya kayar da shi, kansa ya bugu. Aka kai shi asibiti a Daura. Lokacin mace ba ta kutsawa cikin maza haka kawai, ga shi ɗakin maza aka kwantar da shi. Na ja mayafi na shiga. Idonsa a buɗe, amma ba kowa a ciki. Matarsa Hajara tana gefe tana kuka, mahaifinta yana tsaye da carbi.

Likitan ya ce, "Mama, ke ce mahaifiyarsa? Muryarki ya fara sani a duniya. Ki kira sunansa."

Na ce, "Mai Hatsi." Ko motsi bai yi ba.

"Sunansa, Mama."

Na dubi surukinsa. Bawan Allah ya ce, "Bari in ba ki wuri," ya fita. Amma marasa lafiya ba su da ƙafar fita, duk sun zuba mini ido. Hajara ta kama gefen zanena. "Inna, don Allah. Ni ma ba zan iya ba."

Na tsaya. Ɗana yana nutsewa a gabana, ni kuwa ina duban wanda zai ji. Wallahi sai na ji haƙorana sun yi tsami. Na sunkuya na ce, "Sa'idu." Muryar ta fito kamar ta wata. Na sake, da ƙarfi, har ƙarshen ɗakin aka ji.

Idonsa ya juyo a hankali ya same ni. Ya motsa baki da ƙyar.

"Inna? Wa ya rasu?"

Har yau ban san wacce kunya ta fi nauyi ba, ta faɗin da na yi, ko ta tsayuwar da na yi kafin in faɗa. Da ina tsammanin zagin mai daddawa Iya take yi. Yanzu ina ganin tsoro take ji kada a wayi gari ita ta kasa kiran nata ɗan.

Nan ta ƙare, sauran sai bayanin mutane. Iya ta koma ga Allah ba ta taɓa faɗin sunan babana ba. Delu tana aure a Mashi, ta tsufa ba ta shiryu ba, in ta gan ni sai ta ce, "Sannu, mai daddawa." Hajara ba ta taɓa tayar da maganar ba, Allah ya yi mata albarka. Mai Hatsi ya warke, yana ɗan jan ƙafa, ya sayar da mashin. In ya zo gaishe ni yana duban tabarma, ni ina duban bango. Ban sake faɗin sunan ba, ba na kuma jin zan sake. Amma harshena ya taɓa shi. In makamin nan yana tafe, a kaina ya makara.