Hular da ta gangara a Madinat Nasr

A shekarar da Alƙahira ta gajiyar da ni, da cunkosonta da ƙarar hon da ba ta ƙarewa, wani ɗalibi ɗan garinmu ya fara zuwa zance wurina a gidan yayana da ke unguwar Madinat Nasr. Mutumin kirki ne, rigarsa a goge, maganarsa ma a goge. Yaya ya ce in yi tunani in ba da amsa, mutanen gida suna jira.

Wata ranar Juma'a bayan la'asar matar yaya ta ja mu, ni da shi, zuwa wani ɗan zaure inda ake nuna tsofaffin finafinai marasa magana. Wanda muka tarar gajere ne, baƙi da fari. Wani siririn saurayi yana neman budurwa a bakin teku. Ya durƙusa, igiyar ruwa ta kwashe masa ƙafa. Ya zauna, kujera ta naɗe da shi. Iska ta ɗauke malafarsa, ya bi ta da gudu, ya dawo jiƙe sharkaf. Budurwar ta tuntsire da dariya, shi ma ya dubi kansa ya taya ta. Ni ma na taya su.

"Wannan ai zubar da girma ne," in ji Malam, manemin nawa.

A hanyar dawowa direban ƙaramar bas bai gama tsayawa ba, kamar yadda suka saba, yana ta azalzalar mutane da "Yalla, yalla!" Malam ya sauko, jallabiyarsa ta maƙale a ƙofa, ya yi taga-taga. Hularsa ta faɗi ta gangara har ƙarƙashin amalanken mai gasa dankali. Ya bi ta a sunkuye.

Dariya ta kufce mini. Na toshe baki da mayafi, amma ta riga ta fita.

Ya karkaɗe hular ya mayar. "Malama, ni kike wa dariya? A titi?"

"Ma'alish, yi haƙuri, Malam. Ba ka dai ji ciwo ba?"

"Ke, ba ki da kunya?" in ji matar yaya tana mintsinina, alhali kafaɗunta na rawa.

Na jira ya dubi kansa ko da murmushi ne. Har muka rabu a gindin bene bai yi ba.

Washegari na ce wa yaya ya ba shi haƙuri.

"Saboda hula, ƙanwata?"

Na ce e. Ba ni da ƙarfin yin wani bayani.