Magen Falmata Mai Turare

Barira na hura garwashi a kaskon turare, Usaini ƙanin aminiyarta Falmata ya yi sallama, rungume da kwali mai motsi.

"Yaya ta cika ɗazu," ya ce.

Barira ta yi salati, ta dubi kwalin, ta kwara wa garwashin ruwa.

Duk Haɗeja an san Falmata da humra da turaren wuta, sana'ar da ta gada wurin kakarta Babarbariya. Amare har daga Guri suke aikowa. Amma ɗakinta ƙarnin kifi yake, saboda 'Yar Auyo, magen da wani masunci ya ba ta, ɓarauniyar bandar kifi ta gaske.

Wata rana Falmata ta ce ba za ta zauna da mai wari ba, ta shafe magen da humra tun daga kunne har wutsiya. Barira ce ta riƙe ƙafafun. Mage ta lashe jikinta tas, ta fara dalalar da yawu tana tangaɗi. Falmata ta goya ta da zane, ta hau babur tana kuka har wurin likitan dabbobi. Ya ce man ƙamshi guba ne ga mage, hayaƙin ma yana toshe mata numfashi. Da ƙyar ta sha.

Tun ranar wuta ba ta sake ganin turare a ɗakin Falmata ba. Kowane sabon haɗi, sai ta kinkimo kaskonta gidan Barira, ta turnuƙe ɗakin, ta tsaya a bakin ƙofa tana tambayar ko ya yi. Barira ta yi tari, ta yi mita, har ta saba. Ta kai ba ta iya yini ba ƙamshin.

Yanzu ga kwali a tsakar gida. Ta buɗe. Magen ta fito, ta shinshina labule, ta yi atishawa. Barira ta cire labulen ta jefa a baho, hawaye na zuba, tana tuno zuwanta dubiya shekaranjiya.

"Ki riƙe min 'Yar Auyo," in ji Falmata daga kwance.

"Kaskona fa, mutuniyar?"

"Ki kai gidan maƙwabta, yadda nake miki."

"Ashe kin san cutata kike yi."

"Na sani mana. Ke ai ba kya lasar jikinki."