Lantarki, Matar Mai Hawa Falwaya

Ranar da aka haife ta aka fara kunna wuta a layinsu. Kakarta ta dubi ƙwan da ke reto a tsakar gida, ta dubi jaririyar fara tas, ta ce, "To, yau ga lantarki biyu a gida ɗaya." Sunan da aka raɗa mata bai je ko'ina ba, wannan ne ya bi ta.

Tana yarinya ta tambayi babanta ma'anarsa. Ya ce, "Haske ne wanda ba ya shan kananzir." Ta daɗe tana taƙama da wannan, ko da yake in ta yi fushi yara sai su ce an ɗauke.

Ta auri mai hawa falwaya, wanda ke yi wa kamfanin wuta aikin yini. Mutum ne mai surutu, ko abinci yake ci sai ya yi mata bayanin waya mai rai da matacciya.

"Mu wuta muke ce mata, don kar mu manta tana ƙuna," in ji shi. "Lantarki sunan gayu ne, na masu zama a ofis."

"Wato ni 'yar gayu ce?"

"Ke ai kin fi ta. Ba a taɓa ki ba ma kina jan mutum."

Tana da tsohon ciki, wata safiya bayan ruwan sama, aka tura shi ɗaura wayar da ta tsinke a bakin kasuwa. An ce masa an kashe layin. Yana sama, wani a tashar wuta ya maido da ita. Yaran unguwa suka ɗauki ihu, an kawo wuta, an kawo wuta! Ita ma da murna ta jona dutsen guga, ta shimfiɗa rigarsa. Tana kan hannun rigar abokan aikinsa suka yi sallama, ɗaya na riƙe da takalmansa.

Kamfani ya ce bai san shi ba, ɗan kwangila ne ya ɗauke shi. Ɗan kwangilar kuwa ba a sake ganin ƙeyarsa ba.

A zaman makoki surukarta ta faɗi abin da bai taɓa barin kunnenta ba. Ba da ita take magana ba, amma ta ɗaga murya yadda za ta ji: "Tun farko na ce, wa ke auren mace mai sunan wuta? Ya baro ta a gida, ya je ya tarar da ita a sama."

Da ta haihu, ta ce marigayi ya so a sa wa yaron suna mai ma'anar haske. Yayan mijin ya ce hasken ya ishe su haka. Suka kira shi Magaji. Abin gadon kuwa filaya ce da tsohuwar igiyar ɗaure ƙugu.

Da wanki da guga ta raine shi, a ɗaki ɗaya kusa da famfo. Dutsen guga na gawayi take amfani da shi, ko an kawo wuta ba ta duban soket. Ta so ya zama tela, ko direba, ko ma mene ne da ake yi a ƙasa. Ya gama makaranta ya yi ta yawon neman aiki, har wani tsohon abokin babansa ya ce ya zo ya riƙe masa tsani.

Ta yi kuka, ta yi fushi, ta daina cin abin da ya kawo. Ya ce, "Umma, nuna min wani aikin in bar wannan."

Yanzu shi ke hawa. Kwanan baya ta ga safar hannun roba da aka ba shi ta yage a tsakanin yatsu. Ta ɗauko allura.

"Umma, ba a ɗinke ta," ya ce. "Duk inda allura ta bi, nan wuta za ta bi."

"To su ba ka sabuwa mana."

"Sun ce babu."

Ta ajiye allurar. Shi kuma ya cusa safar a aljihu, ya saɓi tsaninsa ya fita.