Jarumin da Na Zaɓar wa Kusada

Da aka kawo majigin yaƙin Turawa Kusada, ni aka sa fassara, don na yi firamare. Turancinsu ya fi ƙarfina, sai na dubi fuska, na ce mai tsaftataccen kakin nan shi ne jarumi. Da aka harbe shi, abokina Bafulatani har kuka ya yi. Tun daga nan, duk bijimin da ya fi so, sunan sojan yake sa masa.

Bana fim ɗin ya dawo a waya da fassarar Hausa. Ashe mutumin shi ke ƙone garuruwa.

Abokina, wanda tun ranar majigin yake ce mini Bature, ya iske ni a kasuwar Kankiya. "Kai, Bature, azzalumi ka sa na yi wa kuka?"

Na roƙi gafara. Ya ce, "Je ka roƙi bijimin."