Tekun da ke Cikin Gem ɗin Yaya

Ƙaurin miyar da ta kama a tukunya nake fara tunawa. Ni aka bar wa ita a gidanmu na Dutse Alhaji, ni kuwa ina bayan tankin ruwa ina kallon teku.

Ba ni da waya a lokacin, Baba ya ce sai na gama sakandare. Amma Yaya yana da ɗan gem na hannu da wani mai gyara a kasuwa ya sauya wa manhaja, har yana shiga intanet ya nuna bidiyo. Sharaɗin mai gyaran ɗaya: in gem ɗin ya nemi a sabunta shi kada a yarda, in an yarda ya koma gem zalla, komai ya goge. Da Yaya ya fita ƙwallo sai in ɗauka. Ban taɓa ganin teku ba. Ruwan kawai nake kallo, ya zo ya koma.

Kawu, wan Mama da ya zo mana daga Zariya, shi ya biyo ƙaurin ya same ni da gem ɗin a hannu, abin sauraro a kunne.

"Me kike ɓoyewa? Yarinya ta laɓe da abu a kunne har miya ta ƙone, ai ba wa'azi take ji ba."

"Teku ne, Kawu."

"Teku! Ke kifi ce?"

Da yamma aka tsayar da ni gaban Baba. Ban ji tsoro ba. Na ce a buɗe a duba, duk abin da aka taɓa kalla a ciki yana nan a jere, nawa da na Yaya. Yaya ya ce caji ya ƙare, ya shiga ɗaki da shi. Da ya fito bai dube ni ba.

"Baba, ya sabunta kansa. Babu komai yanzu."

Kawu ya yi murmushi. Baba bai dake ni ba, da ma dukan ya yi. Ya daina tsokanata da safe. Mama ta fara laluben jakar makarantata. Maganar ta riga ni isa Zariya, a bikin ƙanwar Mama har ana janye yara daga kusa da ni. A kan ruwa! Ruwan Allah da ko taɓa shi ban yi ba!

Shekaru na yi ina jin haushin wannan ɗan akwati da ya rufe a ranar da nake bukatar shaidarsa. Sai da na shiga jami'a wata ƙawata mai karatun kwamfuta ta gaya mini irin wannan gem ba ya sabunta kansa. Sai mutum ya shiga, ya zaɓa, ya danna amincewa da hannunsa.