Sunan da Ƙafa Ta Ƙi Takawa

Ƙanena Auta ya kai shekarun da sa'o'insa ke kai gaisuwa gidan surukai, shi kuwa yana tura keken yara a titin Yendi. Haka mutane ke faɗa, ni ma haka nake faɗa a gabansa don in ji daɗin bakina. Sikuta ake ce wa abin: ɗan allo na ƙarfe da ƙyar yake ɗaukar ƙafa biyu, ƙananan tayoyi, da sandar riƙewa. Babu inji, babu wurin zama. Ka ɗora ƙafa ɗaya, ka tura da ɗayar. Amma in Auta ya hau, sai ya tsallake kwata da shi, ya juya allon a iska kamar mai juya masa a tanda, ya dira a kai yana dariya. Ni ce mai riƙe waya. Shagon ɗinkina yana bakin tasha, kuma tun ranar da ya gano hannuna ba ya rawa, na zama ma'aikaciyarsa, ba albashi ba sannu.

Da farko mu biyu ne masu kallon bidiyonsa, sai wata ƙawata da na tilasta wa. Daga baya ya tsallake kwanonin doya a kasuwa, mai doyar ta bi shi da tsintsiya tana zaginsa da Dagbanci, ni kuma ina biye da su da waya ina haki. Wannan bidiyon ne ya buɗe masa ƙofa. Mabiya suka yi ta zuwa daga Tamale, daga Kumasi, har daga garuruwan da ba mu iya faɗin sunansu. Auta ya sayi hular kwano da abin kare gwiwa, ya koyi gaishe da waya kamar mai gaishe da taron biki. In mun fita, yaran unguwarmu ta zango su yi ta binmu suna kiransa, ni kuma in yi ta taku ɗai-ɗai kamar ni ce na tsallake doyar.

Mutum ɗaya ne bai taɓa kallo ba, shi ne Baba. Yana Bawku yana fataucin shanu, kuma duk wanda ya miƙa masa waya ya ce ga ɗanka, sai ya ce idonsa ba ya son hasken. In an matsa masa ya ce, kowa da kiwon da ya karɓe shi. Bai taɓa hana Auta ba, bai kuma taɓa tambayarsa yaya aiki ba. Auta yana yi kamar abin bai dame shi ba, amma na san ƙanena. Duk bidiyon da ya yi kyau sai ya fara tura wa Baba, sannan ya zauna yana leƙen waya ko an buɗe.

Ana haka wani mai shagon kekuna a Kumasi ya kira. Ya ce a ƙasashen waje, in mai sikuta ya yi suna, ana fitar da kaya na musamman da sa hannunsa a jiki, yara su saya don su yi kama da shi. Ya ce yana so ya yi haka da Auta, a turo masa sa hannu kawai. Abin nema ya samu, matar falke ta haifi jaki. Auta ya fita da gudu ba takalmi, ya zagaye tasha, ya dawo ya rungume keken ɗinkina. Ni kuma na ɗinke wa wata mata hannun riga a wuya saboda murna, sai da na warware.

Sa hannun ne ya so ya ba mu wahala. Na boko in Auta ya yi, sai ka ce kaza ta yi tono. Amma in ya rubuta sunansa da harufan Larabci, yadda Baba ya koya masa tun yana ƙarami, sai ka tsaya kallo. Ni ce na ce ya tura wannan, kuma har yau ina ganin shawara ce mai kyau. Ya rubuta, na ɗauki hoto, muka tura. Bai ko jira kayan sun iso ba, ya fito a bidiyo ya sanar wa duniya cewa ranar kasuwar Bawku zai hau sikuta mai sunansa karo na farko, a cikin kara, wato kasuwar shanu, a gaban mahaifinsa. Na ce masa ya bari mu ga kaya tukuna, ya ce ni tsohuwa ce.

Kayan ta jirgin fito za su zo, daga Yeji zuwa Makango, don haka muka tafi Salaga muka sauka gidan Goggo, ƙanwar Baba, mai sayar da bandar kifi. Da kwalayen suka iso a bayan mota tare da kwandunan kifinta, duk suna ƙamshin hayaƙi, Goggo ta rangaɗa guɗa kamar an kawo lefe. Maƙwabta suka cika tsakar gida. Auta ya yanke kwali, ya zaro na farko, ya haɗa sandar da allon. Jan ƙarfe yana ƙyalli, tayoyi farare. A saman allon akwai baƙar takarda mai kaushi irin samfefa, wadda ke hana ƙafa zamewa, a kanta kuma ga sunansa da farin rubutu, manya-manya, daga kai har gindi. Mai shagon ya sa shi a nan ne don ya fito sosai a hoto.

"Yaron ga ya zama babban mutum paa, babba sosai," in ji Goggo, tana shafa sandar da gefen mayafinta.

Na ɗaga waya na fara ɗauka. Auta ya ɗaura hular kwano don ya gwada, ya kama sanda, ya yi bismilla, ya ɗaga ƙafar dama. Sai ƙafar ta tsaya a sama. Na ɗauka salo ne, na ce ya yi sauri hannuna ya gaji. Ya sauke ta ƙasa, ya sake ɗagawa, ta sake tsayawa. Yaron da ke dirowa daga kan katanga ba ya ƙifta ido, ga shi tsaye da ƙafa ɗaya kamar zalɓe a bakin ruwa.

"Yaya," ya ce a hankali, "ƙafan ya ƙi. Dubi abin da ke ƙarshen sunan."

Na duba. Sunan yanka na Auta irin wanda ke farawa da bawa ne, ya ƙare da sunan Ubangiji. Daidai inda dugadugi ke sauka, a nan sunan Allah yake. Mu duka mun yi ta kallon rubutun muna yaba kyansa, babu wanda ya tuna ƙafa aka yi wa wurin. Goggo ta yi salati, ta ɗauke sikutan da hannu biyu ta ɗora a kan tulin katifu, ta sa aka kwashe sauran kwalayen daga ƙasa aka jera a kan benci. Sannan ta zauna ta dube mu, ta ce dama allo muke kiransa, to ga shi ya zama allo na gaskiya, sai a nemo tawada. Dariya ta ƙwace mini har da hawaye. Auta bai yi dariya ba.

Mun koma Yendi da kwalaye a kan cinya, don Auta ya hana a sa su ƙarƙashin kujera. A shagona shawara ta yi ta zuba kamar ruwan Agusta. Mai faci ya ce a shafe da baƙin fenti, mai koko ta ce ai sunan yana nan a ƙasan fentin. Wani ya ce Auta ya koyi hawa da yatsun ƙafa a gefe-gefe. Limamin unguwarmu ya ce abin ba wuya, a ɓare takardar a adana ta wuri mai tsarki. Na kira mai shagon na yi masa bayani. Mutumin kirki ne, ba musulmi ba ne, bai sani ba, ya yi ta ba da haƙuri. Amma ya ce in an ɓare sa hannun, abin ya koma sikuta irin na kowa, ba abin da ya bambanta shi, kuma kafin a bugo sabo sai an yi watanni. Ranar kasuwa kuwa ga ta nan tafe.

Auta ya kwanta a kan bencin shago ya rufe fuska da hular kwano. Ya ce ba za shi Bawku ba. Ba mabiya ne suka dame shi ba. Abin da yake tsoro shi ne Baba ya ga cewa ranar farko da ya zo nuna masa sana'arsa, sunan Allah ya kawo a ƙarƙashin takalmi. Na tausaya masa, amma ni tausayina da faɗa yake fitowa. Na ce ya tashi, wanda ya yi wa duniya alkawari ba ya ɓuya a shagon tela, in ma duka ne a yi mana tare. Na tura shi mota kamar buhu. Har muka wuce Walewale, ko dafaffen ƙwan zabin da na saya masa bai taɓa ba, ni na cinye.

Mun sami Baba a kara da hantsi, zaune a kan benci da abokan cinikinsa, shanu sun cika fili. Matasan Bawku da suka ji sanarwa sun riga mu zuwa, wasu a kan katanga da wayoyi a hannu. Muka durƙusa muka gaishe shi. Ya tambayi hanya, ya tambayi Goggo, sannan ya nuna abin da Auta ya rungume a ƙirji cikin zanen atamfa, ya ce a buɗe. Auta ya buɗe. Baba ya karɓa ya ɗora a cinya, ya karanta rubutun, ya daɗe yana kallo.

"Ka taka?" ya ce.

Auta ya girgiza kai. Ni kuwa bakina bai taɓa kasawa ba. Na zaro waya na ce, Baba ga shaida, na nemo bidiyon Salaga na miƙa masa, ina jiran ya ce idonsa ba ya son haske. Sai ya karɓa. Ya kalli ɗansa yana ɗaga ƙafa yana saukewa. Da ya ƙare ya ce in mayar. Na mayar. Ya kira na kusa da shi ya nuna masa, ya ce in sake mayarwa. Duk tsalle-tsallen da Auta ya yi a duniya, wanda bai yi komai a ciki ba shi ne Baba ya zauna ya kalla, har yana murmushi.

Daga nan ya zaro 'yar wuƙarsa, ya ɗaga gefen takardar a hankali ya ɓare ta gaba ɗaya, ya naɗe ya sa a aljihun gaban rigarsa. A kwalin da muka taho da shi akwai takardun canji marasa rubutu, ya sa Auta ya manna ɗaya. Sannan ya ce a miƙo masa gwangwanin fenti.

A kara kowane gida yana da shaidar da yake sa wa shanunsa a gadon baya, don in garke ya gauraya a san na wane ne. Tamu zobe ce da sanda biyu a ƙarƙashi, tun daga kakanmu, kuma Baba ba ya yarda a sa ta a kan abin da ba na gidan ba, ko aron ta ba ya bayarwa. Ya tsoma tsinke a jan fenti, ya zana ta a tsakiyar allon, hannunsa ko gezau. Ya ce wannan ta saba da rana da ƙura da kashin shanu, ƙafar mutum ba za ta dame ta ba. Ya ce sauran na kwalin ma a kawo masa, shi zai sa musu da hannunsa. Na ɗauki hoto na tura wa mai shagon, ya amsa da cewa wannan ta ma fi, don ba wanda ke da irinta. Na so in yi guɗa, na tuna a tsakiyar maza nake, na yi abata duk da haka.

Da ƙyar Auta ya jira fentin ya sha iska. Baba ya tura masa sikutan da hannu ya ce, "To, taka."

Ya taka. Na ga yana share ido da bayan hannu, yana dariya lokaci guda. Ya tura sau biyu, ya bi ta kan simintin da ake loda shanu a mota, ya tashi sama ya tsallake kwamin ruwa, ya juya allon, ya dira. Matasan kan katanga suka ɗauki ihu, wani bijimi ya firgita ya ja mai riƙe da shi har ƙasa. Ni ina ɗauka ina tsalle, wannan bidiyon shi ne mafi rawa a duk waɗanda na taɓa ɗauka, kuma ban ba kowa haƙuri ba.

Wani tsohon dillali da ya zo daga tsallaken iyaka, bai san mu ba, ya matso kusa da benci yana riƙe da haɓa. Ya tambayi Baba ko ya san ɗan wane ne wannan mai tashi sama. Baba bai ɗauke ido daga kan Auta ba.

"Ba ka ga shaidar ba?" ya ce.