Cingam a Kan Jar Fitila

Yayana ne ya fara ɗaukar bidiyon biki a unguwarmu a Jega, ba da daɗewa ba bayan an ba mu jiha. Ya gaji da amare. Wani mai shirya fim a Sakkwato ya ce ya kawo masa kaset ɗin da ba na biki ba, in aikin ya yi kyau zai ba shi riƙon kyamara. Ni kuma na gama sakandare ina zaman banza, sai na bi shi.

Muka tafi Aliero, gonar kawunmu, lokacin cirar albasa. Yaya so yake ya ɗauki mutane a duƙe suna aiki. Batir ɗaya gare shi, ba ya kai awa guda.

Yana saɓa kyamarar a kafaɗa, jar fitilarta mai nuna ana ɗauka ta kama, kowa ya zubar da abin da ke hannunsa. Mai hoton kasuwa kawai suka sani, wanda ake tsaya wa cak. Suka wanke ƙafa, suka jeru, hannu a ƙirji, ko ƙiftawa babu. Kawu ya aika gida a ɗauko masa babbar riga.

"Kawu, ku koma aiki, hakanan nika so," in ji Yaya.

"Da wandon ga? Kai yaro, so kaka yi a gan ni Sakkwato kamar wanda anka tono?"

Rabin batir ya tafi a kan mutane tsaye kamar turaku. Yaya sai lallashi yake, bai iya musu da babba ba. Ni ba ni da wannan haƙurin.

"Kyamara ta lalace," na ce da ƙarfi. "Kowa shi kama gabanai."

Na ciro cingam daga bakina na manna a kan fitilar. Yaya ya dube ni, ya gane. Ya ɗora kyamarar kan buhuna, ya sa ido yana murɗa gilashin kamar mai gyara. Kawu ya yi tsaki, ya tuɓe rigar, suka koma cira suna yi wa Yaya dariya. Ya ɗauke su har batir ya mutu.

Da kaset ɗin nan ya samu aikin. Ya yi shekaru yana bin masu fim, wani fim a gama, wani a watsar a tsakiya.

Daga baya Kawu ya ga kansa a talabijin ɗin wani maƙwabci, wando a yage ta baya. Bai yi faɗa ba. Amma tun daga ranar, in Yaya ya je gaishe shi, sai ya ajiye jakar kyamararsa a zaure kafin a ce ya shigo. Ni ba a taɓa tambayata komai ba, ban kuma faɗa ba.